Abin da muka tsayar kan kulle bayanan ƙungiya

Ranar Juma'a bayan La'asar, mu 'yan ƙungiyar manoman riɗi muka zauna a gindin darbejiya, nan kusa da Maigatari, kan yadda za mu kare sunaye da lambobin asusun membobinmu da ke cikin kwamfutar sakatare.

Wani ɗanmu da ya karanta ilimin kwamfuta ya ce a yi amfani da AES, wata hanyar kulle bayanai a kwamfuta. Tana yanka bayani gunduwa-gunduwa, kowace bit 128 (bit shi ne 0 ko 1 da kwamfuta ke lissafi da shi), ta hautsina shi da mabuɗi mai bit 128, 192 ko 256. Amurka ta amince da ita a 2001. Tsohuwar hanyar da ake kira DES kuwa a bar ta. Mabuɗinta bit 56 ne, tun 1998 aka fasa shi cikin kwana uku.

Inda muka fi daɗewa shi ne mabuɗin, don mabuɗin da ya kulle shi ne ke buɗewa. Ma'aji ya tambaya, in ya ɓata fa? Aka ce masa, Baba, bayanan sun tafi ke nan. Wannan ya tayar mini da hankali ƙwarai.

Sai aka yarda kalmar sirri, wadda daga ita ake samun mabuɗin, ta yi tsawo, ban da shekarar haihuwa. A rubuta ta a takarda, shugaba da ma'aji kowa ya adana tasa, kuma kada a tura ta a WhatsApp tare da fayil ɗin.