Haruffa 16 na farko suna fitowa a hargitse idan na buɗe AES-256-CBC

Assalamu alaikum. Wannan abu ya ishe ni, a taimaka.

Ina kulle saƙo (encryption) a yaren shirin kwamfuta na PHP da openssl_encrypt, AES-256 a tsarin CBC, sai in buɗe shi a Python da PyCryptodome. Yana buɗuwa, amma haruffa 16 na farko kullum shirme ne, alamomi marasa kan gado. Daga na 17 har ƙarshe kuwa lafiya lau, har cikon PKCS7 yana cirewa ba gardama.

Makullin bayit 32 ne, na duba shi ta ɓangarorin biyu, iri ɗaya ne. Ai da shi ne matsalar, da duk saƙon ya lalace, ba bulo ɗaya (bayit 16) kawai ba. Na gwada OPENSSL_RAW_DATA, na gwada base64, ko gezau. A PHP ɗin kansa komai yana fitowa daidai.

Zargina na kan IV, wato bayit 16 da ake fara kullewa da su tare da makulli, tunda wajen buɗewa bulon farko kaɗai yake shafa. Ina tura shi da bin2hex, mai rubuta kowane bayit da haruffa biyu, ya zama haruffa 32, Python kuma ya ƙi karɓa sai na yanke 16 na farko.

Ta yaya zan karanta wannan IV ɗin a Python ya dawo ainihin bayit 16 da PHP ya yi amfani da su?