An tsare mini tifa saboda dakon ma'adinai, ta yaya kotu ke sakin mota?

Mai Tifa:
Assalamu alaikum. Ina neman shawarar masana shari'a da masu harkar sufuri. Wata huɗu ke nan da jami'ai suka tare tifata a hanyar Keffi, ɗauke da buhunan duwatsun litiyom da direbana ya yi dakonsu daga wani ƙauye a jihar Nasarawa. Ɗan kamashon da ya haɗa shi da aikin ya ce masa takardu suna hannun mai kaya, da aka kama motar kuma aka nemi mai kayan aka rasa. An ba da belin direban, amma motar tana nan inda aka ajiye ta. Da na je makon jiya, na tarar tayoyin baya biyu sun sace, ciyawa ta fito a ƙarƙashinta, ni kuwa har yanzu ina biyan bashin sayenta duk wata. Shin akwai hanyar da zan karɓe ta kafin a gama shari'a?

Barista:
Wa alaikumus salam, Alhaji. Allah ya kawo mafita. Akwai hanya, amma ta kotu ce. Kundin Tsarin Mulki na 1999, a sashe na 44(3), ya mallaka wa Gwamnatin Tarayya duk ma'adinan da ke ƙarƙashin ƙasa, sashe na 251 kuma ya ba Babbar Kotun Tarayya hurumin shari'ar ma'adinai, don haka can lauyanka zai nufa. Dokar Ma'adinai ta 2007 ta haramta haƙa ba tare da lasisi ba, kuma saye ko mallakar ma'adinai ma yana buƙatar izini, shi ya sa ake riƙe motar a matsayin kayan shaida.

Lauyanka zai shigar da buƙata a rubuce, tare da takardar rantsuwa da ke nuna cewa kai ne mai motar, cewa dako kawai aka ɗauke ta, kuma ba ka da hannu a haƙar ko cinikin kayan. Ka haɗa da takardun mota na asali, da shaidar bashin da kake biya, da yarjejeniyarka da direba idan a rubuce take. Idan alƙali ya gamsu, yana iya sakin ta bisa sharaɗi: ka kawo mai tsaya maka, ka yi alkawarin ba za ka sayar da ita ko ka canja mata kama ba, kuma za ka kawo ta duk ranar da kotu ta nema. Wannan ikon alƙali ne, yana iya ƙi, musamman idan masu gabatar da ƙara sun nemi a ƙwace motar a mallaka wa gwamnati. A ganina, abu mafi gaggawa shi ne a duba fayil ɗin kotu, domin idan an riga an ba da umarnin ƙwacewa na wucin gadi, akwai wa'adin da za ka bayyana ka kare dukiyarka, kuma idan ya wuce aikin zai yi wuya ƙwarai.

Tsohon Direba:
Alhaji, maganar Barista gaskiya ce. Ina ƙara maka da cewa kada ka saurari masu zuwa suna cewa ka kawo wani abu su fitar maka da ita ta bayan gida, domin motar da aka rubuta a takardar tuhuma ba ta fita sai da umarnin alƙali. Ka ɗauki hotonta ta kowane gefe, har da lambar inji da ta shasi, a haɗa da rantsuwar don kotu ta ga yadda take lalacewa. Tun da aka kafa dakarun kare ma'adinai a 2024, ni ba na barin yarana su loda dutse sai sun riƙe kwafin takardar izinin mai kaya a hannu.

Mai Tifa:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Barista, yarjejeniyata da direban ta baki ce, amma ina da littafin da nake rubuta balas ɗin da yake kawowa duk mako tun shekara biyu da suka wuce. Zan kai wa lauya shi ranar Litinin tare da takardun motar, in roƙe shi ya fara duba fayil ɗin.