Makarantar sihiri ta sauti da lokaci, ku ban shawara

Yar Zariya:
Salam yan uwa, ina rubuta wani labari ne a Wattpad, wata makarantar sihiri ce a cikin dutse inda ake koyar da sauti da lokaci kawai, amma na makale wlh, me ɗalibai zasu fara koya a aji ɗaya?

Ɗan Kurmi:
Amsa kuwwa mana Anti. In kika yi ihu a kogo muryar da ta dawo miki ai ta ɗazu ce, kinga lokacin da ya wuce kike ji kenan, sai yan ajin ƙarshe su riƙa kamo maganar da aka yi shekara ɗari baya.

Malamin Fiziks:
Sauti na tafiyar kusan mita 343 a sakan ɗaya cikin iska, shiyasa ake ganin walƙiya kafin a ji tsawa. Jarabawarsu ta zama tsayawa cikin wannan ɗan tsakanin.

Maman Biyu:
Dan Allah ƙanwata kar ki manta kalangu, yana magana fa don yana bin hawa da saukar murya, a ba kowane ɗalibi nashi. Yaushe zaki saki babi na farko?