Neman kalmar Hausa: me za mu kira "tartle" ta mutanen Sikotlan?

Anti Mai Shiri: Assalamu alaikum. Malamai a taimaka mini. Muna haɗa shiri na musamman don ranar harshen uwa ta duniya, 21 ga Fabrairu, a ciki akwai ɗan filin da muke ɗauko kalma daga wani harshe mu nemo mata takwara a Hausa. Wadda ta faɗo hannuna ita ce "tartle", daga harshen Scots na ƙasar Sikotlan. Yadda ake yawo da ita a intanet shi ne: ka tashi gabatar da mutum ga wani, sai sunansa ya ɓace maka ɓat, ka tsaya kana "wannan shi ne... e... to..." Wai wannan 'yar tsayuwar ita ce tartle. Jibi da safe za mu naɗi shirin. Kalma ɗaya nake so, ko biyu, wadda mai sauraro a ƙauye zai ji ya gane ba sai an yi masa sharhi ba.

Ɗan Fagge: Inda-inda mana. Me ya yi zafi?

Uwar Biyu: Ni kallon sani ya zo mini a rai.

Ɗan Fagge: Ko kame-kame. Ko turus.

Malamin Nahawu: Wa alaikumus salam Hajiya. Inda-inda da kame-kame na marar gaskiya ne, wanda aka tsare da tambaya yana neman mafita. Wanda suna ya kuɓuce masa bai yi laifin komai ba. Turus ta fi kusa, amma ko maciji ka gani a hanya turus za ka yi, ba ta gaya mana abin da ya tsayar da mutum ba. Diriricewa kuma ta yi yawa, ita har da gumi.

Ɗalibi a Gilasgo: Anti, kafin a yi nisa, ma'anar da kika kawo ta intanet ce, an yanke mata reshe ɗaya an bar sauran. Wani limamin coci, John Jamieson, ya wallafa ƙamus na Scots a 1808, ya yi masa ƙari a 1825, kuma babban ƙamus ɗinsu na ƙasa mai juzu'i 10, wanda aka yi ta fitarwa daga 1931 zuwa 1976, ya bi sawunsa a wannan kalma. Asalin ma'anar ita ce ka ga mutum ko wani abu ka tsaya kana kallonsa ba ka tabbatar ko shi ne ba. An ji ta da wannan ma'ana a yankin Lothian, wato kewayen Edinbura babban birninsu, da wajen Perth. Ana faɗin ta ga doki idan ya ga abin da bai yarda da shi ba ya tsaya. Ana faɗin ta ga mai ciniki da ya kasa yanke magana, har suna da tsohon karin magana cewa jakar kuɗin da ba komai a ciki ita ke sa ɗan kasuwa tartle. Sannan abin mamaki, a yankin Roxburgh can kan iyakarsu da Ingila ta juye ta koma gane mutum ɗin kansa, musamman bayan an ɗan yi kokwanto. Zancen gabatarwa da mantuwar suna ƙari ne na baya-bayan nan. Ni dai a nan Gilasgo ta Sikotlan ban taɓa jin wani ya furta ta a titi ba, sai a rubuce.

Jikan Sarkin Dawaki: Ta dokin ba ta da wuya. Turjiya ke nan. Kada wani ya ce tutsu, tutsu har da tsalle da neman kayar da mahayi. Dokin da ya toge ya kafe kunnuwa ya ƙi gaba, turjiya ya yi.

Ɗan Fagge: Ta ciniki kuwa kullum muna ganinta a Kantin Kwari. An taya, an ce albarka, an ƙara, an sallama, sai mai saye ya tsaya yana juya yadi yana cewa bari ya ɗan zaga ya dawo. Noƙewa muke cewa. Idan kaya biyu ne suka raba masa hankali, ruwan ido ne.

Sarkin Ƙira: Duk kun tsaya tonon tsofaffin kalmomi. Baƙuwar kalma sabuwar riga ake ɗinka mata. Ga tawa: LALUBAU. Mutum yana laluben suna a cikin kansa kamar mai neman ashana a duhu. "Na haɗu da shi a wajen ɗaurin aure sai lalubau ya kama ni." Ku maimaita sau uku ku ji yadda ta zauna a baki.

Malamin Nahawu: Ta zauna a baki, ba ta zauna a nahawu ba. Wannan ƙirar mai ƙarewa da "au" mutum take nunawa, mai hali kaza: mantau, makarau, jimrau, gagarau. Lalubau zai zama shi mai laluben, ba halin da ya shiga ba. Ba ka cewa "mantau ya kama ni".

Sarkin Ƙira: To sai a ce "na zama lalubau". Ina matsalar?

Uwar Biyu: Matsalar ita ce lalube yana da wata ma'anar a bakin samari. Anti ta faɗi wannan a rediyo, wayar gidan ba za ta huta ba ranar.

Ɗan Fagge: Ni fa na ce a ara kawai, yadda aka ari mota da tebur. Tartil, ko tartili. Shi ke nan an huta.

Alaramma na Tudun Wada: A'a, ɗana, wannan gurbin da mai shi. Tartili shi ne karanta Alƙur'ani a tsanake, a ba kowane harafi haƙƙinsa, kuma umarni ne a cikin Suratul Muzzammil. Ba za a ɗora wa mai mantuwar suna ba. Idan kuna son mai kama da ita a kunne, ga taraddadi nan, ga tararrabi.

Ɗan Fagge: Allah ya gafarta Malam, na janye.

Bahaushe Zalla: Taraddadi Larabci ce, daga taraddud, ba tamu ba ce. Amma ni tambayata ta wuce nan. Ranar harshen UWA, sai a rasa abin da za a tattauna sai wata kalmar Turancin ƙauye da masu ita ma sun jefar? Bargery, wani Bature ɗan mishan, ya tara kalmomin Hausa kusan 39,000 a ƙamus ɗinsa na 1934, nawa ne a cikinsu yaran yanzu suka sani? Mu tono namu tukuna. Wannan Scots ɗin ma ba harshe ba ne, karin harshen Ingilishi ne da aka karya.

Ɗalibi a Gilasgo: Yaya, wannan maganar taka ita ce daidai abin da aka shekara ɗaruruwa ana faɗa musu. Scots da Ingilishi tushensu ɗaya, daga tsohon harshen Anglo-Saxon suka rabu, kowa ya kama hanyarsa. Kada kuma a haɗa shi da Gaelic, wannan dangin harshen Ailan ne, daban yake. A zamanin da, da Scots ake rubuta dokokin majalisa da waƙoƙin fada a Edinbura. Sai Baibul ya shigo musu da Ingilishi bayan sauyin addini na 1560, sai sarkinsu James na 6 ya gaji sarautar Ingila a 1603 ya tattara ya koma Landan, sai aka haɗe majalisun ƙasashen biyu a 1707. Daga nan mai neman matsayi ya fara jin kunyar bakin gidansu. David Hume, shahararren masanin falsafarsu, da duk iliminsa, sai da ya tsara jerin kalmomin Sikotlan da ya kamata marubuci ya guje musu. Duk da haka a ƙidayar 2011 mutum wajen miliyan 1.5 suka ce suna iya magana da shi, kuma a 2025 majalisarsu ta zartar da dokar da ta ba Scots da Gaelic matsayin harsunan hukuma. Kalmomi irin su tartle a wancan zamanin jin kunyar suka zube.

Basakkwace: Allah shi biya ka ɗan makaranta. Wagga magana mun san ta. Haka anka yi muna. Kananci anka ɗauka anka sa ma littafi, anka ce shi na Hausa, mu kuma in mun buɗe baki a yi dariya. To ga amsar tambayarku nan wurinmu tun tuni: waye. "Na gan shi amma ban waye shi ba sai da ya yi magana." "Ka waye ni?" Ita ce ta Roxburgh ɗin da yaron ga ya faɗi, ba ragi ba ƙari.

Ɗan Fagge: Waye kuma? Mu "waye" tambaya ce. Waye a ƙofa?

Basakkwace: Karin sauti ba ɗaya ba ne, kuma rediyo da kunne a ka jin ta, ba da ido ba. Ku da kun iya sayar da atamfa kuka ɗauka kun iya Hausa.

Ɗan Fagge: Daidaitacciyar Hausa ba Kananci ba ce, a Zariya ma aka yi yawancin aikin, can aka fara buga jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939. Mu ma akwai abin da muke faɗa da ba a rubutawa.

'Yar Maraɗi: Mu ma nan muna cewa ban waye shi ba. Ba Sakkwato kaɗai ba ce.

Malamin Nahawu: Malam Bahaushe Zalla, ka ƙi taraddadi don Larabci ce, amma a 'yan layukan da ka rubuta akwai kalma, akwai ƙamus. Su daga wace rijiya aka ɗebo su? In ka ƙi waye don ba ta garinku ba ce, sai ka koma "ban shaida shi ba", ita ma shaida Larabci ce. Zaɓi ɗaya.

Bahaushe Zalla: Ban ce na ƙi waye ba. Cewa na yi shirin bai dace da ranar ba. Kuma Bahaushe ba ya shiga wannan halin ma balle ya nema masa suna.

Uwar Biyu: Yana shiga mana, ya dai iya rufewa ne. Me kake tsammani ya sa kowa ya zama Alhaji da Hajiya a wajen biki? "A'a, mutumina! Kwana da yawa! Ina su o'o?" Ka ja gaisuwa, ka tambayi gida, ka tambayi aiki, ka tambayi gajiya, duk kana jira ko wani zai kira sunan ka tsinta. Mu mata ma mun fi ku sauƙi, sai ka ji "maman yara, ya ɗana?" alhali ba ta tuna ko mace ce aka haifa ba. Ga kuma alkunya: wadda ba ta faɗin sunan miji ko na ɗan fari, in ta yi shiru wa zai ce mantuwa ce? Bature da gaisuwarsa ba ta wuce kalma biyu, dole a kama shi.

Sarkin Ƙira: Wannan duk hujja ce gare ni. Abin yana nan, sunansa ne babu. Lalubau.

Jikan Sarkin Dawaki: Ranka ya daɗe, ka bar lalubau ɗin nan ya huta.

Sarkin Ƙira: Haka aka yi wa duk wanda ya kawo sabon abu. Wanda ya fara cewa jirgin sama ai dariya aka yi masa.

Malamin Nahawu: Wa ya gaya maka an yi masa dariya? Jirgi yana nan tun na ruwa, sama tana nan, ya haɗa su ne kawai. Irin wannan haɗin nake so mu yi a nan. Hajiya Uwar Biyu ta faɗi abu tun da farko muka tsallake shi: kallon sani. Ku duba ma'anar farko da ɗalibinmu ya kawo, ka tsaya kana kallon mutum ba ka tabbatar ko shi ne ba. "Ya tsaya yana mini kallon sani." Ba sai an ƙara komai ba. Abin da ya ruɗa mu shi ne muna neman hula ɗaya ga hali biyu. A na farko fuskar ce ba ka tabbatar ba. A na intanet ka tabbatar da mutumin sarai, wataƙila ma ajinku ɗaya, sunan ne ya ƙi zuwa. Wannan kuwa Bahaushe cewa yake "sunansa ya kwanta mini". In ana son a mai da shi suna, kwanciyar suna.

Basakkwace: Waye fa? An sake binne ta ke nan?

Alaramma na Tudun Wada: Kwanciyar suna ta yi, amma a kula, wanda bai ji farkon zance ba zai iya ɗauka ana nufin wanda tauraronsa ya dushe, an daina jin ɗuriyarsa. A sa ta cikin jimla kafin a sake ta ita kaɗai.

Ɗalibi a Gilasgo: Kallon sani ya rasa abu ɗaya dai. Tartle aikatau ce, tsayuwar ce da kanta, kuma tana hawa kan doki da ɗan kasuwa. Doki ba ya kallon sani.

Jikan Sarkin Dawaki: Ba ka zauna da dawaki ba ne.

Anti Mai Shiri: Na gode ƙwarai, Allah ya bar zumunci. Ga abin da na rubuta a takardar shiri, don dole in miƙa ta yau da daddare. Zan ce tartle a tsohuwar ma'anarta kallon sani ne, a ma'anar da ake yayi yanzu kuwa kwanciyar suna, kuma zan sa ta a jimla yadda Alaramma ya ce. Zan ambaci turjiyar doki da noƙewar mai ciniki a taƙaice. Zan kuma faɗi cewa a Sakkwato da Maraɗi ana cewa "ban waye shi ba", in na samu wanda zai furta mini ita daidai a waya, don kada in ɓata karin sautin a ce da gayya na yi. Filin minti huɗu ne kacal, tarihin Jamieson da na majalisa sai dai jimla biyu. Kalma ɗaya na zo nema, ga shi zan tafi da huɗu ko biyar, shugaban sashe ba zai ji daɗi ba.

Basakkwace: Turo lamba ta akwatin sirri in furta miki. Amma ki ce Hausa ce, kada ki ce "karin harshen Sakkwato".

Bahaushe Zalla: Kallon sani aƙalla tamu ce gaba da baya. Ban dai sauya ra'ayi a kan shirin ba. In Allah ya kai mu ranar Hausa ta duniya, 26 ga Agusta, a ba tsofaffin kalmominmu fili su ma, ba minti huɗu ba.

Sarkin Ƙira: Anti ko sau ɗaya ki ambaci lalubau, ki ce wani mai sauraro ne ya kawo, a bar jama'a su yi hukunci.

Anti Mai Shiri: Malam, ina son aikina.

Sarkin Ƙira: Shi ke nan. Zan sa ta a waƙa, za ku ji ta a bakin 'yan acaɓa.