Wa ya taɓa ɗaukar jagora ya zaga tsoffin unguwannin New Orleans da ƙafa?

Maman Hanif: Assalamu alaikum 'yan uwa, don Allah ina neman shawara. Maigida yana da taron likitoci a New Orleans ƙarshen Oktoba, mun ce za mu bi shi daga nan Houston, ni da yara biyu da Hajiyarmu da ta zo mana daga Kano. Kwana uku za mu yi. Shi yana can wajen taro, mu kuma ba ma son zaman otal. Na ga ana tallar masu zagayawa da baƙi cikin tsohon gari da ƙafa, wasu a ayari, wasu kuma ka ɗauki naka kai kaɗai. Wanne ya fi? Hajiya tana fama da gwiwa. Hanif kuma shekararsa 14, yana busa ƙaho a makaranta, ba shi da magana sai ta kiɗan jaz.

Baban Zahra: Wa alaikumus salam. Shekara shida na yi a Baton Rouge, duk baƙon da ya zo min sai na kai shi New Orleans. Ƙanwata, tunda akwai tsohuwa a tafiyar, ki ɗauki naku jagoran. Ya fi tsada, gaskiya ne, amma ayari ba ya jiran mai gwiwa, ba ya tsayawa don azahar. Naku kuwa ke za ki ce masa a fara ƙarfe tara kafin rana ta ɗaga, a zauna a benci idan Hajiya ta gaji. Tun kafin ki biya ki tambaye shi lasisinsa, don hukumar birnin ba ta barin kowa ya yi wannan sana'a sai ya ci jarrabawar tarihin gari. Sannan ki tambaye shi a wace unguwa ya tashi. Wannan tambaya ta biyu ta fi min ta farko muhimmanci.

Anti Nas: Ni dai abin da zan ce, ki guji masu yawon fatalwa na dare. Mun taɓa faɗawa hannun wani kamfani ni da ƙawata, mun ɗauka tarihi za mu ji. Mu kusan talatin, jagoran yana ta ihu ba ma jin rabin abin da yake faɗa, labarin aljanu da masu shan jini kawai, a tsakiyar tafiya kuma ya tsayar da mu a mashaya wai a huta. Muka tsaya a waje kamar marayu. Kuma ƙarshen Oktoba lokacin Halowin ne, bikinsu na shigar fatalwa da dodanni, garin cika yake da irin wannan. Titin Bourbon, layin mashayu, da dare ba wurin yara ba ne, balle Hajiya.

Maman Hanif: Kai, Anti, Allah ya saka da alheri, da na faɗa. Su ne ma suka fi yawa a intanet.

Malam na Jami'a: Maman Hanif, bari in ɗan tsawaita, don abin yana raina. Yawancin masu jagora daga dandalin Jackson suke farawa, gaban babban cocin St. Louis, su nuna miki barandun ƙarfe masu ado, su gaya miki Faransawa ne suka kafa garin a 1718, Sifaniyawa suka karɓa, Amurka ta saya a 1803. Duk gaskiya ne. Za ma ki ji cewa unguwar da ake kira ta Faransawa yawancin gine-ginenta na zamanin Sifaniya ne, saboda gobarar 1788 ta cinye gidaje fiye da 800, ta 1794 ta ƙara da wasu. Amma in ni ne ke, sai in ce wa jagoran ya juya tafiyar: a fara daga dandalin Kongo, a ƙare a bakin kogi.

Dandalin Kongo yana cikin lambun da aka sa wa sunan Louis Armstrong, shahararren mabushin jaz ɗan garin, da kin tsallaka titin Rampart. Dokar Faransawa ta 1724 ta hana sa bayi aiki ranar Lahadi, a 1817 kuma hukumar gari ta ce wurin nan kaɗai za su riƙa taruwa. To nan suke haɗuwa duk Lahadi da yamma, da ganguna, da rawa, da 'yar kasuwarsu. A yawancin Amurka an hana bayi ganga, a nan ba ta mutu ba. Idan yaro ya tsaya a filin nan ya ji wannan bayani kafin ya ji sunan wani mabushi, sauran abin da zai gani ranar zai zauna masa daram. Har yanzu ana buga ganga a wurin ranar Lahadi da la'asar.

Kuma mu ma akwai namu a ciki. Wata masaniyar tarihi, Gwendolyn Midlo Hall, ta yi shekaru tana tono takardun kotu da na ciniki na Louisiana, jihar da New Orleans take ciki, ta tattara bayanan bayi fiye da 100,000 daga 1719 zuwa 1820. Mafi yawan waɗanda aka fara kawowa zamanin Faransa daga yankin Senegal da Gambiya suke, Bambara da Wolof da Fulani. A cikin ƙabilun da takardun suka ambata akwai Hausa. Ranar da na fara karanta haka na daɗe ban ce komai ba.

Ɗan Damagaram: Malam ya gama magana. Ni abin da ya ɗaure min kai da na je shi ne kalmar Kiriyol da ake kiran wasu mutanen garin da ita. Na ɗauka ƙabila ce guda. Jagoranmu, wata dattijuwa 'yar asalin unguwar Tremé, ta ce asalin ma'anar kalmar ɗan haifaffen wurin ne, wanda aka haifa a Louisiana ba wanda jirgi ya kawo ba, fari ne ko baƙi ko ruwa biyu, galibi mai jin Faransanci kuma ɗan Katolika. A 1809 'yan gudun hijira kusan 10,000 daga Haiti suka iso ta Kuba, yawan mutanen garin ya kusa ninkawa. Kuma kada ki haɗa su da Kajun, waɗancan zuriyar Faransawan da Ingila ta kora daga Kanada ne tun 1755, mutanen karkara da fadama. Na gwada mata Faransancina na Nijar, ta yi dariya ta ce kakarta ce mai ji, su an hana su a makaranta.

Hajiya Babba Atlanta: Ku tsaya in yi maganar ciki, tunda maza sun tsaya a tarihi. 'Yata, ki kula da alade. Miyar da suke ji da ita, gumbo, wasu da kuɓewa suke yinta, kina gani za ki tuna gida, amma yawanci akwai sosej ɗin alade a ciki. Haka wake da shinkafar da suke ci ranar Litinin, haka jambalaya mai kama da dafa-duka. Ko an ce miki ta kifi da jatan lande ce, ki sake tambaya ko an sa sosej ko romon nama. Ki gaya wa jagoran tun a waya cewa ba kwa cin alade ba kwa shan giya, zai san inda zai tsaya da ku. A titin Royal akwai gidan abinci mai suna Bennachin, girkin Gambiya da Kamaru, nan na samu Alhaji ya ci ya ƙoshi. Gidan shan kofi na Café du Monde kuma, da ke nan tun 1862, ku je ku ci fankensu mai garin sukari, amma kada Hajiya ta sa baƙin mayafi, fari fat zai koma.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne calas. Shinkafa ce dafaffiya ake kwaɓawa a soya, a barbaɗa sukari. Da na ɗanɗana sai na ce wannan ai 'yar uwar waina ce. Mata baƙaƙe ne suke tallarta a kai da sassafe a bakin coci, kuma zamanin Sifaniya doka ta ba bawa damar fansar kansa, to da irin wannan ciniki wasu matan suka tara kuɗin fansa. Akwai kuma dokar 1786 da ta tilasta wa mata baƙaƙe rufe gashi don a ƙasƙantar da su, su kuwa suka mayar da ɗaurin ɗankwalin ado har ya zama abin kallo. Ki sa jagoran ya ba Hajiya wannan labarin, ke kina fassara mata.

Baban Zahra: Ga yaron kuma, wuri biyu. Gidan tarihin jaz da ke tsohon gidan buga kuɗi, bakin titin Esplanade, suna da ƙahon da Louis Armstrong ya koyi busa da shi a gidan horon yara, inda aka kai shi bayan ya harba bindiga sama a daren sabuwar shekara, ƙarshen 1912, yana ɗan shekara 11. Ƙahon duk ya lotse, Hanif zai daɗe a gabansa. Na biyu Preservation Hall, gidan kiɗan jaz a titin St. Peter, tun 1961. Ɗaki ne ƙarami, bencin katako, bango ya tsufa, ba a sayar da giya a ciki, ana shiga da yara, wasan bai kai awa guda ba. Ki yanki tikitin wurin zama tun kina gida saboda Hajiya, ki zaɓi wasan farko na yamma.

Abu Sumayya: Ku yi haƙuri in kawo wani gefen. Ni ba na zuwa wuraren kiɗa, kuma na san akwai irina a zauren nan. Garin yana da abin gani ko babu shi. Ni a Tremé na ce a kai ni cocin St. Augustine, wanda baƙaƙe 'yantattu suka taimaka aka gina wajen 1841, har suka sayi kujeru domin bayi su samu wurin zama. A gefensa akwai gicciye da aka yi da sarƙar jirgin ruwa, an rataya masa mari, don tunawa da bayin da aka binne ba suna. Daga nan muka je titin Claiborne, jagoran ya nuna min hoton yadda yake da, manyan itatuwa layi-layi da shagunan baƙaƙe, kafin a sare su a shekarun 1960 a ɗora gadar sama. Mutanen unguwar sun zana itatuwan a jikin ginshiƙan gadar. Idan Juma'a ta same ku, Masjidur Rahim yana titin North Johnson, ba nisa da nan.

Maman Hanif: Na gode Malam Abu Sumayya, dama Hajiya ba za ta shiga wurin kiɗa ba, sai dai ni da yaran. To maƙabartar nan da ake ta magana fa?

Anti Nas: St. Louis ta ɗaya, tun 1789. Kaburburan a sama suke kamar ƙananan ɗakuna, iyali guda kabari guda. Tun 2015 ba a shiga sai da jagora, yanzu kuma a ginin Basin Street Station da ke tsallaken titi ake yankar tikiti, don haka ki tsara ta daban da naku yawon. Babu inuwa ko kaɗan a ciki, hanyoyin kuma matsattsu ne. Yawancin mutane kabarin Marie Laveau suke zuwa gani, matar da ta yi suna a bori irin nasu. Ni don Homer Plessy na shiga.

Malam na Jami'a: Madalla da kika ambace shi. Plessy Bakiriyole ne mai gyaran takalma. A 7 ga Yuni 1892 ya zauna da gangan a taragon farare, aka kama shi, ƙungiyarsu ta kai ƙara har Kotun Ƙoli. A 1896 kotun ta halatta wariya, aka zauna a kai har 1954. Sai a Janairun 2022 gwamnan jihar ya yi masa afuwa. Akwai allon tunawa a mahaɗar titin Royal da Homer Plessy Way, wanda a da ake kira titin Press, inda aka sauke shi daga jirgi. Jagoran kirki zai kai ku ko da mota ce.

Idan kuma maigida ya samu rabin yini, ku ɗauki mota zuwa gandun Whitney, tafiyar kusan awa ɗaya. Gonar rake ce ta da, aka mayar da ita gidan tarihi a 2014, kuma labarin mutanen rinji ake bayarwa, ba na mai gandu ba. Sunayen da masaniyar nan Gwendolyn Hall ta tattara an sassaƙa su a bango. Ki bar Hanif ya bi layin da yatsa.

Ɗan Damagaram: Ranar Lahadi ki duba jadawalin gidan rediyon WWOZ, suna fitar da hanyar da jerin gwanon unguwa zai bi. Ƙungiyoyin taimakon juna ne suke shiryawa, waɗanda asalinsu adashe ne na jinya da jana'iza. 'Yan badujala a gaba, 'yan ƙungiya cikin anko da lema, jama'a a baya suna kaɗa hankici. Awa huɗu suke yi suna tafiya, don haka ku tsaya a kwana guda ku gani su wuce. Akwai cunkoso da shaye-shaye a gefe, ki riƙe hannun ƙaramin.

Hajiya Babba Atlanta: Takalmi mara tsini, 'yata. Daɓen gefen titi duk ya farfashe, saiwar itace ta ɗaga shi. Akwai masu keke mai ɗaukar mutum biyu a tsohon gari, in gwiwa ta motsa ki sa Hajiya a ciki. Ki riƙe lema da ruwa, ki kuma duba hasashen yanayi kafin ku taso, don lokacin guguwa sai ƙarshen Nuwamba yake fita. In jagoran ya kyauta ki ba shi tukuici, kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari aka saba.

Maman Hanif: Allah ya bar zumunci, kun gama min komai. Ga yadda na tsara: Juma'a da safe jagoranmu, daga dandalin Kongo zuwa Tremé, mu ƙare a masallaci. Asabar gidan tarihin jaz da fanke, da yamma ni da yara Preservation Hall. Lahadi in Baban Hanif ya samu sarari mu biya Whitney a hanyarmu ta komawa. Yaya Ɗan Damagaram, don Allah in kana da lambar dattijuwar nan ka turo min ta gefe.

Ɗan Damagaram: Ina da ita, zan turo bayan isha'i. Ki ce mata akwai tsohuwa a tare da ku, tana zuwa da kujerar naɗewa.