Farcena ya ƙi tsawo, ga wani layi ya ratsa shi: ina neman shawara

Maman Biyu:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Don Allah masu sani ku taimaka min, abin ya fara damuna. Wata uku da suka wuce na yi wani zazzaɓi mai zafi, sai da aka kwantar da ni a asibiti kwana 8. Alhamdulillahi na warke, har na koma bakin aiki. To kwanakin nan ina wanke hannu sai na lura da wani layi a kwance a kan farcena, ya ratsa daga gefe zuwa gefe, kamar an ɗaure farcen da zare an ja. In na shafa ina jin zurfinsa. Kuma duka goman suna da shi, wajen tsakiyar farce, sai dai na babban yatsa ya fi fitowa.

Ban da wannan, farcen ya ƙi tsawo sam. Da ya ɗan leƙo sai bakin ya riƙa ɓarewa kamar takardar da ta sha ruwa, ya karye. Ana cikin haka kuma, sati biyu ke nan, ƙofar mota ta datse min yatsan tsakiya, yanzu rabin farcen ya yi baƙi ƙirin. Wata ƙawata ta ce in sayi ƙwayar wani bitamin wai shi bayotin, wata ta ce rashin kalsiyam ne. Na rasa ta wa zan kama. Akwai abin da ke sa farce saurin fitowa? Kuma layin nan ciwo ne?

'Yar Auta:
Wa alaikumus salam Anti, sannu da jiki. Ni dai abin da na ji shi ne a riƙa yanke shi akai-akai, wai yana sa ya yi saurin tsiro. Kuma ki daina shafa masa komai ya samu ya sha iska.

Anti Nas:
Maman Biyu, sannu, Allah ya ƙara sauƙi. Ki fara kwantar da hankalinki a kan layin nan, domin yadda kika siffanta shi, sawun zazzaɓin ne ya rage.

Farce daga gindi yake tsiro. Can ƙarƙashin fatar da ta rufe gindinsa akwai wani ɗan wuri mai rai, ni masaƙa nake ce masa idan ina yi wa marasa lafiya bayani. Dubi babban yatsanki, za ki ga wani fari-fari mai siffar jinjirin wata a gindi. Wannan ɗan abin da ya leƙo ne daga masaƙar, sauran yana ɓoye. A nan jiki ke ƙera sababbin ƙwayoyin halitta, su cika da wani furotin mai tauri da ake kira keratin, su mutu, su manne da juna, na baya su yi ta turo na gaba. Keratin ɗin nan shi ne dai a gashi da kofaton doki da ƙahon saniya. Abin da ya sa yankan farce ba ya zafi ke nan, abin da ake yankewa ya daɗe da mutuwa. Jan da kike gani kuma jinin naman da farcen ke kwance a kansa ne.

To idan jiki ya shiga babban yaƙi, irin zazzaɓin da ya kai ki ga kwanciya, ko babbar tiyata, ko maganin cutar kansa, wato sankara, sai ya janye ƙarfinsa daga ayyukan da za su iya jira. Masaƙar ta rage aiki na 'yan kwanaki, abin da ta saƙa a lokacin ya fito siriri. Da kika samu sauƙi ta ci gaba kamar da. Siririn wurin nan shi ne layin da kike shafawa. Ba ki gan shi da wuri ba saboda sai da ya yi makonni yana tafiya a ƙarƙashin fata kafin ya fito fili. Wani likita ɗan Faransa, Joseph Beau, shi ya bayyana shi a 1846, har yau da sunansa likitoci ke kiran layin. Da buguwa ce, da a yatsa ɗaya zai tsaya. Tunda goman suna da shi kusan a wuri guda, daga cikin jiki abin ya zo. Zai yi ta gangarawa har ya kai baki ki yanke shi. Inda zan ce ki koma wurin likita shi ne idan wani sabon layi ya biyo bayansa alhali ba ki sake kwanciya ba.

Auta, ƙanwata, gyara kaɗan. Masaƙa ba ta san an yanke baki ba, balle ta ƙara sauri. Kuma farce ba ya numfashi, ta jini yake samun duk abin da yake bukata.

Malamin Kimiyya:
Anti Nas ta gama magana, ni lissafi kawai zan ƙara. Farcen hannu yana tafiyar kamar milimita 3 zuwa 3 da rabi a wata, wato kusan kashi ɗaya cikin goma na milimita a rana. A wani bincike da aka wallafa a 2010 kan matasa 22 a Amurka, an samu milimita 3.47 a wata ga na hannu, 1.62 ga na ƙafa. Saboda haka farcen hannu yakan ɗauki wata 4 zuwa 6 kafin ya sabunta gaba ɗaya, na ƙafa kuwa shekara zuwa shekara da rabi. Ki auna da naki: wata uku da ciwo, layi a tsakiya. Lissafi ya fita daidai, kuma layin da kansa shaida ne cewa farcenki yana tafiya. Da ya tsaya, da layin bai baro gindi ba.

Akwai wani likita Ba'amurke, William Bean, da ya fi kowa haƙuri a wannan fanni. Tun 1941, yana da shekara 32, ya fara yin ɗan tsagi a gindin farcen babban yatsansa na hagu, yana ƙirga kwanakin da zai ɗauka kafin ya kai baki. Shekara 35 yana wannan aiki! Da farko farcen na tafiyar milimita 0.123 a rana. Da ya kai shekara 67 ya koma 0.095. Ya kuma rubuta cewa lokacin da hangum ya kama shi tafiyar ta ja baya sosai. Ina ba ɗalibaina labarinsa duk shekara, su yi ta dariya, amma ba a taɓa samun wanda ya jure ko wata uku ba.

Sauran abubuwan da aka lura da su: hannun da mutum ya fi aiki da shi yakan ɗan fi ɗayan sauri, yatsan tsakiya yakan fi ƙaramin yatsa, lokacin zafi yakan fi lokacin sanyi. Duk bambancin kaɗan ne, sai da rula ake gane shi. Ke kin huta da yin tsagi, ga layi kyauta. Ki auna daga fatar gindi zuwa layin yau, ki sake bayan sati huɗu.

Baba Kafinta:
'Yata, a kan baƙin farcen nan ni zan yi magana, don guduma ta koya min karatunsa tun ina yaron shago. Jini ne ya taru a ƙarƙashi ya daskare. Ranar farko da ta biyu ne ake shan wuya, yatsa ya riƙa bugawa kamar zuciya ta koma can, ko barci ba a yi. A wannan lokacin in zafin ya yi yawa asibiti ake zuwa su huda su fitar da jinin. Kada ki ji masu cewa a gasa allura a huda a gida, na ga wanda ya yi haka ya ƙare da mugunya. Ke da kika yi sati biyu kin wuce wannan gaɓar.

Abin da zai biyo baya, za ki ga baƙin ya fara barin gindi, wani jan wuri mai tsabta ya bayyana a bayansa. Wataƙila tsohon farcen ya ɗaga, ya riƙa kama tufafi. Kar ki fizge shi. Ki rage inda ya saki da abin yankan farce, ki naɗe da filasta in za ki yi aiki, shi ne rumfar sabon da ke tahowa. Sabon zai zo da laushi, da 'yan tudu da kwari, mummuna dai, amma zai daidaita. Nawa na ƙarshe wata shida ya ɗauka. Akwai ɗaya a hannun hagu da gudumar ta sauka daidai kan gindinsa, shi kam har yau da tsaga yake fitowa, shekara ta fi ashirin. In naki daga tsakiya zuwa baki ƙofar ta kama, to kin tsira daga wannan.

Mai Gyaran Farce:
Yaya, ni sana'ata ke nan, kuma yawancin masu zuwa suna ce min farcensu ba ya tsawo, in na duba sai in ga yana tsawo, baki ne ke cinye abin da gindi ya kawo. Tambayata ɗaya: sau nawa hannunki ke shiga ruwa a rana? Mai 'ya'ya biyu, na san amsar. Farce falle-falle ne a manne. In ya jiƙa ya kumbura, in ya bushe ya tsuke. A yi haka sau goma sha a yini, ga sabulun wanki da bilic suna kwashe ɗan maiƙon da ke riƙe da shi, dole fallayen su rabu. Ɓarewar da kike gani ke nan.

Ki nemi safar hannu ta roba don wanki da wanke-wanke, ko da za ki ji ta dame ki satin farko. Duk wanke hannu ki bi da mai, da dare ki murza basilin a kan farcen da fatar gindinsa. Ba zai ƙara masa sauri ba, kar in yi miki ƙarya, karyewa zai rage. Yanka kuma bayan wanka, lokacin da ya yi laushi, ki bar shi gajere har layin nan ya fita, domin idan layin ya iso baki a nan zai fi son karyewa. In za ki goge bakin, ki bi gefe ɗaya, ban da kai da komo kamar zarto. Ruwan goge jan farce mai asiton yana busar da shi matuƙa, farcen roba kuwa in aka ɓamɓare shi da ƙarfi da fallen sama yake tafiya. Ki huta da su tukuna.

Sai fatar nan siririya ta gindi. Mutane na son a yanke musu ita don kyau, ni ba na yi. Ita ce murfin da ya hana ruwa da ƙwayoyin cuta shiga inda farcen ke tsiro. A yanke ta, a wayi gari gefen yatsa ya kumbura yana zogi.

Hajiya Kaka:
Ikon Allah. Ashe shi ya sa yanzu nake daɗewa ban nemi abin yanka ba. Da ina da cikin 'ya'yana kuwa kamar ana jan farcen da igiya. Nas, ni nawa layukan a tsaye suke, daga gindi zuwa baki. Su ma na ciwo ne?

Anti Nas:
A'a Hajiya, na tsaye na shekaru ne, kamar furfura. Kuma kin tuna daidai, mai ciki farcenta yakan ƙara sauri.

Maman Biyu, saura maganar ƙwayoyi. Kalsiyam ɗin da ke cikin farce kaɗan ne ƙwarai, taurinsa daga keratin yake. Ko fararen ɗigon nan da ake dangantawa da rashin kalsiyam, yawanci 'yar buguwa ce gindin ya samu makonni da suka wuce har mutum ya manta. Bayotin kuma yana amfanar wanda jikinsa ya rasa shi, kuma irin waɗannan ba su da yawa. Abin da ya fi damuna da shi: mai yawansa yana rikita sakamakon wasu gwaje-gwajen jini, har da na gano ciwon zuciya da na tayirod, wato ɗan ƙullutun nan na gaban wuya mai daidaita kuzarin jiki. Hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta yi gargaɗi a kan haka a 2017. Ke kuma gwaji nake so ki yi, don haka kar ki fara sha yanzu.

Mace mai haihuwa, ga doguwar jinya a baya, ga farce mai karyewa, abin da zan fara nema shi ne ƙarancin jini da ƙarancin sinadarin ayon, wato ƙarfen da jiki ke haɗa jini da shi. Kina yawan gajiya? Kina haki in kin hau bene? Gashi yana zuba? Ki ɗiga ruwa a kan farcen, in ya lotsa a tsakiya har ɗigon ya zauna bai gangara ba, wannan ma alama ce. Ki faɗa wa likita duka, ya duba jinin, in ya ga dama ya haɗa da tayirod, don ita ma tana sa farce rauni.

Ga kowa kuma, akwai canjin da ba a zama a kansa. Baƙin farcen Maman Biyu mun san ƙofa ce, kuma zai yi gaba tare da farcen. Amma baƙin layi a tsaye da ya fito sabo a yatsa ɗaya ba tare da buguwa ba, yana faɗi, ko yana malala kan fata, a kai wa likitan fata da wuri. Masu duhun fata da yawa suna da irin layukan nan a yatsu da dama kuma lafiya lau ne, sai dai akwai kansar fata da ke farawa haka. Haka in kan yatsu ya kumbura farcen ya lanƙwaso ya rufe shi, a duba huhu da zuciya.

'Yar Auta:
Na karɓi gyara Anti. To Malam, da gaske ne farcen mamaci yana ci gaba da tsawo?

Malamin Kimiyya:
Ba ya yi, Auta. In jini ya tsaya masaƙa ta tsaya. Fatar yatsan ce ke bushewa ta ja baya, sai farcen ya zama kamar ya ƙaru.

Maman Biyu:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka wa kowa da alheri. Malam, na ɗauko rula a jakar makarantar babban, daga gindi zuwa layin milimita 6 ne a babban yatsa, na rubuta a bayan kalanda da kwanan wata. Anti Nas, ɗigon ruwan ya gangara, amma gajiya da hakin kam akwai su, ni da nake ɗora wa yaran laifi. Jibi zan je a ɗebi jinin, bayotin kuma na fasa. Baba, yanzu na duba da fitilar waya, akwai ɗan siririn ja a bayan baƙin, kusa da gindi. Wannan ne kake nufi?

Baba Kafinta:
Shi ne, 'yata. Ki nemi filasta ki ajiye kusa.