Musayar Waƙa: A Rushe Layin Magajiya?

Batun makon nan: gidajen giya da na mata masu zaman kansu a Sabon Garin Zariya, a share a gina shaguna ko a'a? Amsa da baiti kawai, amsa-amo "ri".

Malam na Ƙofar Doka:
Jirgin ƙasa ya kawo baƙi Zazzau,
Bature ya yanka musu Sabon Gari.
Ciniki ya zo, giya ta biyo baya,
Magajiya ta kafa tuta a wuri.
Yaro zai wuce makarantar dare,
Kawali na yafito shi, ina tsari?
A kawo katafila ta baje layin,
A yi shaguna, mu huta da sharri.

Goggo ta Muciya:
Allah gafarta Malam, saurara mini,
Ƙosai nake soyawa a layin tun fari.
Matan da yawansu sakakku ne, na san su,
An koro su da goyo, babu jari.
Wata kullum sai ta biya kuɗin ɗaki,
Saura ta aika ƙauye a auno gari.
Katafila za ta taka katifarta,
Mai sakin yana gida, zai yi ƙari.

Ɗan Samaru:
Goggo, Amurka ma an yi haka,
Unguwar Times Square ta New York na da labari.
Shekarun 1990, zamanin magajin gari Giuliani,
An rufe gidajen batsa da hanzari.
Kamfanin Disney ya shigo, haya ta yi sama,
Mai ƙaramin shago ya bar wuri.

Mai shayin Kwangila:
Ɗan boko, bar New York, dubi Kaduna,
Sabon Tasha, ƙarshen 2020, yi nazari.
KASUPDA, hukumar tsara birane, ta rushe gidan shaƙatawa,
Kan zargin casun batsa na cikin shiri.
In jan fenti ya zo, ni da mai tsire,
Wa zai ba mu diyya, ko naira ɗari?
Sabon shago na masu uwa a gindin murhu ne,
Mu sai bakin kwata da ɗan tiri.

Malam na Ƙofar Doka:
A ba matan keken ɗinki daga zakka,
Amma layin ya tashi, ban ce a bari.

Goggo ta Muciya:
Malam, wa zai sayi shagunan? Faɗi sunansa,
Alhazan da ke zuwa da dare a asiri?
Yaran yanzu a waya suke ciniki,
Ɗan acaɓa ya kai su otal da wuri.
Tura katafilar ta hau WhatsApp,
Ni dai na tafi, wakena na jiran gishiri.